Yadda Ake Shirya Rangadin Kwana Huɗu a Bas Daga Kano Lokacin Hunturu

Daga ƙarshen Nuwamba zuwa tsakiyar Fabrairu ne lokacin da ya fi dacewa a ɗebi mutane a bas a zagaya da su wuraren tarihi. Ba ruwan sama, hanyoyin ƙauye sun bushe, dattijo zai iya hawa dutse ba tare da rana ta galabaitar da shi ba, kuma makarantu na hutu a Disamba. Sai dai hunturu ba ya bin jadawalin kowa. Rana tana fitowa wajen bakwai saura kwata, ta faɗi shida da 'yan mintuna, kuma ranar da hazo ya sauko sosai ba a ganin hanya da kyau sai hantsi. Abin da ya rage maka na tafiya a fili bai fi awa takwas ko tara ba, a cikinsu za ka cire salla da cin abinci. Duk wanda ya tsara rangadinsa bai fara da wannan lissafin ba, a kan titi magariba za ta same shi.

Hanyar da za a bi

Tsarin da ya fi sauƙin riƙewa shi ne wanda ya haɗa huɗu daga cikin Hausa Bakwai: Kano, Daura, Katsina da Rano. Rana ta farko cikin birnin Kano. Rana ta biyu a bi ta Dambatta da Kazaure zuwa Daura, tafiyar da ba ta kai kilomita 150 ba, a wuce Katsina a kwana, wajen kilomita 80 daga Daura. Rana ta uku a yi Katsina da safe, a kamo hanyar Kano bayan azahar, kusan kilomita 170. Rana ta huɗu a yi kudu, Kura da Kadawa da Tiga da Rano, a dawo gida.

Kada a wuce wuri uku ko huɗu manya a rana. Mutum talatin ba sa sauka daga mota su koma a ƙasa da minti goma sha biyar, ko da ba abin da suka tsaya yi. Wanda ya cusa wuri shida a rana, rabin ranar a hawa da sauka za ta ƙare.

Kafin a buga wa mutane sanarwa, a tambayi halin tsaron kowace hanya daga direbobin da ke binta kullum a tasha, a sake tambaya ana gobe tafiya. Wasu yankunan jihar Katsina sun sha fama da 'yan bindiga, don haka a tsaya kan babban titi, kada a ratse zuwa wani ƙauye don wani fasinja ya ce akwai abin gani. Tafiyar dare kuwa babu ita, ko da an makara an rasa wuri ɗaya daga cikin jadawali.

Ranar birni

Kuskuren da aka fi yi shi ne fara rangadi da Dutsen Dala da sassafe. Da safe a hunturu iska a saman dutsen tana yanka, birnin kuma yana lulluɓe da ƙura, ko Gwauron Dutse ba lallai a hango ba. A fara da Gidan Makama, gidan adana kayan tarihi na Kano, da ƙarfe tara, inda ake cikin soraye, iska ba ta dukan mutane. Gidan yana da alaƙa da Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarautar Kano daga 1463 zuwa 1499, kuma a nan baƙi za su samu zaren labarin da za su riƙe har ƙarshen tafiya: ganuwa da ƙofofinta, jihadi, da zuwan Turawa a 1903. Awa ɗaya da rabi ta isa. Daga nan a tsaya a Ƙofar Kudu a ga Gidan Rumfa daga waje. In ana son shiga fada ko gaisuwa, sai an rubuta takarda tun da mako biyu ko uku, a faɗi yawan mutane da sunan ƙungiya.

Marinar Ƙofar Mata ta fi armashi da hantsi, lokacin da marina suka fito aiki, ana tsoma zane a ruwan baba ana ɗagawa iska ta taɓa shi ya koma shuɗi a idon mutane. A gargaɗi masu yara, don rijiyoyin a ƙasa suke kuma suna da zurfi. A nemi izini kafin ɗaukar hoto, a tanadi abin alheri guda daga asusun tafiya a miƙa wa shugaban wurin, ya fi kowa ya riƙa zaro nasa.

Kasuwar Kurmi ce wurin da ake ɓatar da mutane. Bas ba ta shiga lungunan, kuma mutum talatin ba sa tafiya a jere a cikinta. A raba su rukuni-rukuni na shida ko bakwai, kowane rukuni da wanda ya san kasuwar, a sa lokaci da wurin haɗuwa guda. Minti arba'in da biyar za a ce, a sa a rai awa ɗaya za ta yi. Dala sai bayan la'asar, sa'ad da hazo ya ɗan yi sauƙi. Babbar mota ba ta kai wa gindin dutsen cikin sauƙi, don haka a ajiye ta a bakin titi a ƙarasa a adaidaita sahu. Masu ciwon gwiwa da hawan jini su tsaya a ƙasa tare da mutum ɗaya daga masu shiri.

Daura, Katsina da kudancin Kano

A Daura rijiyar Kusugu ce abin zuwa. Wurin ba shi da faɗi, a shiga goma-goma. A nan ake gane ɗan jagora na ƙwarai: zai ba da labarin Bayajida da Daurama da macijiyar da ke hana ɗiban ruwa sai ranar Juma'a, sannan ya faɗa wa mutane a fili cewa wannan labarin baka ne da aka gada, masana suna da ra'ayoyi daban-daban a kansa. Bai rage wa labarin daraja ba, kuma ɗalibai ba za su koma gida da ruɗani ba.

A Katsina akwai hasumiyar Gobarau, ginin ƙasa mai tsayin kusan mita 15, da Gidan Korau, wato fadar Sarkin Katsina, da tsohuwar Kwalejin Katsina da aka buɗe a 1922, inda Sardauna Ahmadu Bello da Abubakar Tafawa Balewa suka yi karatu, wadda yanzu gidan adana kayan tarihi ce. Matakalar hasumiyar ƙunci gare ta. In masu kula da ita sun yarda a hau, kada a wuce mutum huɗu ko biyar a lokaci guda. Ƙarfe biyu ya kamata mota ta bar Katsina.

Rana ta huɗu ita ce ta karkara, kuma hunturu ne ya ba ta kyau. A Kadawa alkama tana kore shar, ana ɗiban tumatir ana kaiwa Kwanar Gafan, duk albarkacin ruwan da ke gangarowa ta magudanai daga madatsar Tiga, wadda aka kammala a 1974 zamanin Gwamna Audu Bako. Mutumin birni da bai taɓa ganin noman rani mai faɗin haka ba yakan fi tuna wannan ranar fiye da gidajen tarihi. Bakin ruwa a Tiga sanyi ne da iska, a isa can da rana tsaka, kuma kada a bar kowa ya shiga kwalekwale babu rigar ruwa. A duk ƙauyen da za a sauka, gidan dagaci ko mai unguwa ake fara zuwa a yi sallama.

Mai son tsawaita tafiya zai iya yin gabas: zanen kan duwatsu a Birnin Kudu, sannan dausayin Baturiya a ƙasar Haɗeja, inda tsuntsayen da ke gudun sanyin Turai suke sauka a daidai wannan lokacin. Wannan tafiya ce ta kwana biyu ita kaɗai. In za a bi ta Wudil, a kauce wa Juma'a, ranar kasuwar shanu ce.

Mota da direba

Kwasta ce ta fi dacewa da mutum ashirin zuwa ashirin da biyar. Kujerunta sun kai talatin, amma kada a sayar da su duka. Ba ta da wurin kaya na kirki, sai an bar layin baya don jakunkuna, kuma kujerun tsakiya masu naɗewa ba a zama a kansu awa uku. A ce wa kowa jaka ɗaya matsakaiciya.

Kwana biyu kafin tashi a kai motar gareji, mai shiri yana tsaye. Ƙura tana toshe matatar iskar inji, mota ta rasa ƙarfi ta riƙa shan mai, don haka a canza ta, kuma direba ya kakkaɓe ta kowace yamma. Batir mai rauni da ke tashi lafiya da rana shi ne zai ƙi tashi da asuba a Katsina, musamman a injin dizal. A duba birki, da ruwan lagireto, da bel, da tayoyi har da ta safaya, da fitilun gaba da na baya. A duba robobin tagogi, domin taga ɗaya da ba ta rufuwa ta isa ta sa rabin mota mura. A cika tankin ruwan wanke gilashi. Goge ƙura a busasshen gilashi karce shi yake yi, idan rana ta haska ta gaba sai direba ya daina gani. Takardun mota, lasisi, abin kashe gobara da alamar tsayawa mai kusurwa uku su zama a hannu, da takardar sunayen fasinjoji da lambar wayar danginsu, kwafi ɗaya a mota, ɗaya a gida.

A cikin hazo ƙaramar fitila ake kunnawa, babbar tana dawo da haske ne a idon direba. Abubuwan da ke kawo haɗari a wannan lokacin sanannu ne: tirelar da ta lalace a kan titi aka zuba ganye a bayanta, hayaƙin ƙonar daji da ke rufe hanya farat ɗaya, garken shanu, da masu babur da suka naɗe fuska da kunne ba sa jin hon. Mai shiri ya zauna a gaba, kuma ya hana fasinjoji zuga direba ya ƙara wuta. Direba ya samu ɗakinsa na kwana, kada a bar shi a mota cikin sanyi don a rage kuɗi.

Masauki, salla da lafiya

Disamba watan bukukuwa ne, ɗakuna suna cika. A kama masauki da wata guda, a biya kafin alƙalami, a karɓi rasit. Tambaya uku ake yi wa otal a hunturu: akwai ruwan zafi a kowane ɗaki, akwai bargo, kuma ƙarfe nawa ake kashe janareto. In ba a tabbatar ba, a tafi da abin dafa ruwa na lantarki guda biyu. Ɗakunan mata su kasance a ɓangare ɗaya, da mace ɗaya cikin masu shiri da za a riƙa kai wa kuka. A faɗa wa kowa da babbar murya kada a shigar da garwashi ɗaki a rufe ƙofa. Iskar gawayi ba ta da wari, tana kashe mutum yana barci.

A tsara tsayawa daidai da lokutan salla, a masallacin da ke da banɗaki na mata. A mazhabar Malikiyya ana ƙasaru a tafiyar da ta kai mil 48, wato kusan kilomita 80, don haka Daura da Katsina sun shiga. A bar malamin da ke cikin tafiya ya yi wa mutane bayani tun ranar farko. Jarka biyu masu lita 25 na ruwan alwala, da manyan filas na ruwan zafi don sirka wa tsofaffi. A duba kalanda kuma, domin azumi yana matsowa da kwana 10 ko 11 duk shekara, a 'yan shekarun nan yana kusantar ƙarshen hunturu.

Sanyi yana ɓoye ƙishirwa, mutane su ƙi shan ruwa, da yamma ciwon kai ya kama su. A lissafa lita biyu ga kowa a rana, a riƙa rabawa ko ba a nema ba. Tun wajen rajista a tambayi masu asma, sikila, ciwon suga da hawan jini. Mai sikila sanyi da ƙarancin ruwa ne ke tayar masa da ciwo, ya zauna nesa da taga, ya rufe jiki, maganinsa a aljihunsa ba a jakar baya ba. A akwatin magani a sa takunkumi, man shafawa don leɓe da hanci saboda haɓo, farasitamol, gishirin zawo, filasta da auduga. Abincin rana a yi odarsa tun da safe ta waya, don ba kowane gidan abinci ne zai ciyar da mutum ashirin da biyar nan take ba. Gurasa, ƙilishi da dabino su ne guzurin da ba ya lalacewa. Rake a sha shi a ƙasa, ba a cikin mota ba.

Lissafin kuɗi

Wannan zagayen gaba ɗaya zai kai kilomita 600. Kwasta cike da mutane a lissafa mata lita ɗaya a kilomita 5 zuwa 6, wato lita 100 zuwa 120. A rubuta a yarjejeniya wa zai sayi mai, da wa zai biya in mota ta lalace a hanya, da awa nawa mai motar zai ɗauka ya turo wata. A haɗa hayar mota, mai, masauki, abinci, kuɗin shiga wurare, alawus na direba da ɗan jagora, da abin alheri, a ƙara kashi 15 cikin ɗari na ko-ta-kwana, sannan a raba a kan mutum ashirin, ko da ana sa ran ashirin da biyar. Kullum sai an samu masu janyewa a makon ƙarshe. A karɓi rabin kuɗi wajen rajista, sauran mako guda kafin tashi, kuma a rubuta tun farko cewa wanda ya fasa bayan an biya otal ba za a mayar masa da kason masauki ba.