Yadda ake haɗa IPTG a ajiye shi a yi aiki da shi, don ƴan lab ɗinmu na Zariya

Salam ƴan uwa, musamman ƴan mastas da PhD na ɓangaren Bayokemistri da Maikurobayoloji da ke Samaru, da na Shika masu taɓa aikin DNA. Maganar IPTG nake so mu yi, wato garin da ake zuba wa bakteriya don ta yi mana furotin ɗin da muke so, saboda garin nan tsada gare shi, ba a shagon Sabon Gari ake samunsa ba, sai an yi oda an jira, wani lokaci ma kuɗin aljihun ɗalibi ne, kuma abin da ke damuna shi ne yawancin asarar da ake yi ba ta rashin ilimi ba ce, ta gaggawa ce, a narkar da kwalba guda gaba ɗaya, a zuba da yawa a babban filas tun ba a gwada a ƙarami ba.

Shi IPTG ɗin daga sukarin galaktos aka ƙera shi, farin gari ne mai narkewa a ruwa, nauyin mol ɗinsa giram 238.3. Don ka gane aikinsa sai ka tuna da lac operon ɗin nan, rukunin jin (gene) da bakteriya ke cin sukarin laktos da su, da aka koya mana a aji uku, wanda François Jacob da Jacques Monod suka bayyana a 1961 a Cibiyar Pasteur ta Paris a Faransa, har suka samu Nobel a 1965 tare da André Lwoff. A cikin bakteriyar E. coli akwai furotin LacI da ke zaune a kan DNA kamar mai gadi a bakin ƙofa, ba ya bari a karanta jin ɗin da ke bayansa. In laktos ya shigo sai wani ɓangarensa ya koma alolaktos, shi ne ke kama LacI ya sa shi ya saki DNA ɗin. To IPTG kwaikwayon alolaktos yake yi, bambancin kawai akwai salfa a mahaɗar da enzayim ɗin beta-galaktosides ya saba yankewa, don haka ya kasa yanka shi. Ma'ana bakteriyar ba ta cinye shi, adadin da ka zuba yana nan har ka gama, kuma wannan ne dalilin da ya sa kaɗan ma ya isa. Da IPTG mai alamar rediyo ne ma Walter Gilbert da Benno Müller-Hill suka fara kamo LacI ɗin a 1966.

In kwalbarka ta iso ka duba takardar jikinta, an fi son wanda aka rubuta babu dayokzen a ciki. Ka ajiye garin a sanyi yadda kamfanin ya rubuta, a rufe ruf, domin yana jan laima. Ranar da za ka auna kada ka ciro daga firiza ka buɗe nan take, bar ta a kan benci ta huce ta daidaita da ɗaki tukunna, in ba haka ba raɓa ta sauka a ciki musamman a watan Agusta da iska ke jiƙe, gobe ka tarar garin ya dunƙule yana manne wa cokali kuma awonka ya tashi daga daidai.

Lissafin ba wuya. Giram 2.38 a ruwa mililita 10 shi ne mola 1. Giram 0.238 a mililita 10 shi ne milimola 100. Ni dai shawarata in kwalbar giram ɗaya ce gare ka, haɗa na milimola 100 kawai ka bar sauran a gari, gari ya fi ruwa jure wahala nesa ba kusa ba. Ka duba fa, giram ɗaya in aka narkar da shi duka mililita 4.2 na mola 1 yake bayarwa, wanda a milimola 0.5 zai ishi kalcha sama da lita 8, waye cikinmu yake noman lita 8 a wata guda? Ka auna a sikelin da ke karanta lamba huɗu bayan ɗigo, ka kashe fanka ka rufe ƙofar sikelin, ka zuba a ruwan distil kamar mililita 8, ka girgiza ya narke, sannan ka cika zuwa 10. Ba wai ka zuba 10 tun farko ka ɗora gari a kai ba.

Kada ka sa shi a otokilef, tukunyar tururin da ke kashe ƙwayoyin cuta. Tacewa ake yi da filtar sirinji ta maikiron 0.22, kai tsaye cikin tiyub mai tsabta, a cikin hud, wato akwatin aiki mai tace iska, in akwai, in babu to kusa da wutar Bunsen da tagogi a rufe. Lokacin hunturu a Zariya kowa ya san yadda ƙura ke shiga ko ta ƙasan ƙofa, to ka goge benci da itanol kashi 70 kafin ka fara, kada ka bar murfi a buɗe kana amsa waya. Daga nan sai ka rarraba a ƙananan tiyub na Eppendorf, maikurolita 500 ko ma 200 kowanne, ka rubuta suna da ƙarfin haɗin da kwanan wata a murfi da kuma gefe, saboda rubutun murfi gogewa yake yi da danshi. A firiza mai sanyin digiri 20 ƙasa da sifili yana kai wa shekara lafiya lau.

Nan ne maganar wuta ta shigo, kuma ba sai na faɗa muku ba. Shi IPTG ba shi da laushin enzayim, narkewa sau ɗaya ko biyu ba ya kashe shi, abin tsoron shi ne tiyub guda da kowa ke tsoma fifet a ciki, ta narke ta daskare ta narke, har wani abu ya tsiro a ciki. Shi ya sa ƙananan tiyub, ka ɗauki ɗaya ka yi aikin satin da ita shi ke nan. Ka sa su a akwati a can ƙasan firiza, ka kewaye da robobin ruwa da suka daskare, in wuta ta ɗauke kada a dinga buɗewa ana leƙawa. In akwai firizar da ke kan sola ko inbata a wani lab, ka roƙi malamin wurin ka ajiye rabin kayanka a can. Duk tiyub ɗin da ka ga ruwanta ya yi gurɓi ko wani zare-zare yana yawo, zubar da ita kawai, kada ka ji tausayin kuɗin.

Sai babban aikin, wato sa bakteriya ta yi maka furotin. Da farko ka tabbata wace bakteriya ce a hannunka. In jin ɗinka yana cikin filasmid ɗin pET ne, wato ƙaramin zoben DNA da ke ɗauke da shi, to nau'in E. coli mai suna BL21(DE3) kake buƙata ko danginta, domin ita ce ke ɗauke da jin ɗin polimares na T7 wanda IPTG ke tayarwa, tsarin da Studier da Moffatt suka wallafa a 1986. Nau'in DH5α ba ta da shi, ko ka juye mata kwalbar duka ba abin da zai fito, ita ta ajiye filasmid ce da yawaita shi. Ka ɗauki kwaloni ɗaya sabo, ka sa a LB, wato ruwan abincin bakteriya, mililita 5 da maganin da ya dace, kanamaisin maikurogiram 50 a kowace mililita in pET-28a ne, amfisilin 100 in irin su pET-21 ne, ya kwana a digiri 37 yana girgiza. Da safe ka tsarma kashi 1 cikin 100 a sabon LB mai magani, kuma don Allah kada ruwan ya wuce kashi ɗaya cikin biyar na filas ɗin, iska take so. Wajen awa biyu zuwa uku OD600, wato awon kaurin kalchar, zai kai 0.5 zuwa 0.6, amma ka fara aunawa tun bayan awa ɗaya da rabi, domin E. coli a LB kusan duk minti 20 take ninkawa, in ka ce bari ka je sallah ka biya ta wajen mai shayi ka dawo, za ka tarar ta wuce 1 ta fara gajiya.

Kafin ka zuba IPTG ka ɗebi mililita 1, ka juya a santirifuj, ka zubar da ruwan ka ajiye guntun ƙasan a firiza. Wannan samfurin na kafin zubawa wlh shi ne rabin aikin, in babu shi duk layin da ka gani a jel ba ka da hujjar cewa naka ne, kuma ranar kare aiki sai an tambaye ka.

Abin da na fi so ku riƙe shi ne gwajin ƙarami. Raba kalchar nan gida huɗu, mililita 5 kowace tiyub. Ta farko ba komai, ta biyu maikurolita 5 na haɗin milimola 100 wato milimola 0.1 a cikin kalchar, ta uku maikurolita 25 wato 0.5, ta huɗu 50 wato milimola 1. Awa uku zuwa huɗu a 37, ka ɗebi samfuri, ka daidaita su da OD don kada wani layi ya fi wani kauri saboda yawan sel kawai, ka gudu SDS-PAGE, jel ɗin da ke raba furotin gwargwadon girmansu. Sau da yawa za ka ga 0.1 ya ba da abin da 1 ya bayar, ka ga kuwa kwalbarka ta ninka goma. Kuma yawan IPTG yana iya zama illa, bakteriyar ta dinga zubo furotin da sauri fiye da yadda zai naɗe daidai, sai ya dunƙule a cikin sel, a jel ka ga layi ƙato ka yi murna, amma da ka fasa sel ɗin ka juya sai duk ya tafi ƙasa ba komai a ruwan sama. Don haka ka gudu ruwan sama da guntun ƙasa daban-daban tun a gwajin nan.

In ya dunƙule, maganin farko shi ne rage IPTG da rage zafi, digiri 16 zuwa 20 ya kwana. Amma injin girgizar da ba ya sanyayawa ba zai sauka ƙasa da zafin ɗaki ba ko me ka danna, kuma a watan Maris da Afrilu ɗakin kansa ya haura 30. Sa tamomita a ƙaramin filas na ruwa a ciki ka ga gaskiya, in babu mai sanyaya to ka nemi ɗaki mai esi, ko ka tsara wannan ɓangaren ya faɗo Disamba ko Janairu. Na kwana kuma sai ka tabbatar da wuta, in girgiza ta tsaya tsakar dare sel ɗin kwanciya suke iska ta ƙare musu. Sannan ka kula da gulukos, yana danne tsarin lac, yana da amfani ka sa kashi 1 cikin 100 a kalchar kwana in furotin ɗinka mai guba ne ga bakteriyar, amma kada ka kwashe shi zuwa inda za ka zuba IPTG.

Masu kulonin, wato saka guntun DNA a filasmid, da pUC19 ko pGEM-T kuwa, naku shi ne gwajin shuɗi da fari, inda kwalonin da guntun ya shiga ke zama fari sauran su yi shuɗi, kuma sai an haɗa da X-gal, shi ma ɗan gidan galaktos ne da ke komawa shuɗi in beta-galaktosides ya yanka shi, Jerome Horwitz ya fara haɗa shi a 1964. Shi ba ya narkewa a ruwa, ruwan sinadarin DMF ko DMSO ake sa masa, miligiram 20 a mililita, a tiyub na gilas ko folifurofilin, a naɗe da foyil saboda haske na lalata shi, ba sai an tace ba. DMF yana ratsa fata yana taɓa hanta, a hud za ka buɗe shi, in ya ɗiga a safar hannu ka cire ta nan take. A kan farantin agar mai amfisilin ka shafa maikurolita 40 na X-gal da 40 na IPTG milimola 100, ka bar shi ya tsotse kamar rabin awa kafin ka shafa sel, in ka yi a jiƙe kwalonin haɗewa suke. Nau'in E. coli JM109 da XL1-Blue suna yin LacI da yawa don haka dole IPTG, DH5α kam tana yin shuɗi ko babu shi. Bayan awa 16 zuwa 18 ka sa farantin a firij na ƴan awanni shuɗin ya fito sosai. Kada ka ɗauki ƙananan fararen da ke zagaye da babban kwaloni, sun tsiro ne inda amfisilin ya ƙare. Fari kuma ba tabbaci ba ne cewa guntun ya shiga, sai gwajin PCR ya nuna, haka mai shuɗi-shuɗi kada ka yar da shi in guntun DNA ɗinka gajere ne.

Da wannan farantin ma za ka gwada tsohon IPTG da kake shakka. XL1-Blue mai ɗauke da pUC19 wanda ba a saka masa komai ba, faranti uku duk da X-gal, ɗaya babu IPTG, ɗaya da tsohon, ɗaya da sabon haɗi. In na tsohon ya yi shuɗi mai duhu daidai da na sabon, ci gaba da aikinka da shi, in kuwa ya tsaya kusa da wanda ba a sa wa komai ba to ka koma ga garin da ka rage ka auna wani giram 0.238.