Yadda ake miyar ƙaguwa da madara a gida

Mata da dama a nan Damagaram sun sha tambayata yadda nake wannan miya. Tunda muna nesa da teku, ƙaguwar daskararriya ce muke samu.

1. Uwargida, ki bar ƙaguwa huɗu su narke cikin firigo tun dare. Hattara: wadda ke zarni ta lalace, a zubar da ita.
2. Ki dafa su minti 15 a lita ɗaya ta ruwa da gishiri.
3. Ki fasa ɓawon, ki tsince naman da yatsa, domin ɗan guntun ɓawo kan ɓuya cikinsa.
4. Ki tace romon da rariya.
5. Ki soya albasa da tafarnuwa a man shanu har su yi laushi.
6. Ki barbaɗa fulawa cokali biyu kina juyawa.
7. Ki tsiyaya romon kaɗan-kaɗan, don kada ta yi gudaji.
8. Ki rage wuta kafin ki zuba madara kofi ɗaya. Nan ake yawan kuskure, domin idan ta tafasa da ƙarfi madarar tsinkewa take yi.
9. Ki zuba naman da masoro, ki sauke bayan minti 3. Ni da burodi na fi son ta.