Ga Sababbin Zuwa Japan: Hattara da Japanancin Katun

Duk wanda ya sauka Tokyo ko Osaka da iyalinsa, ba za a daɗe ba yara za su matsa masa a kai su silima kallon katun. Tikitin babba kusan yen 2,000 ne, amma ka duba allo kafin ka biya, domin finafinan waje iri biyu ake nuna su: "jimaku", wanda aka bar masa muryarsa ta asali aka rubuta fassara, da "fukikae", wanda aka ɗora masa muryoyin Japananci. A katun na biyun ya fi yawa.

Gyaran ba ya tsayawa kan murya. Frozen, da aka fara nunawa a nan a 2014, sunansa ya koma "Anna da Sarauniyar Ƙanƙara", a Inside Out kuwa an cire burokoli daga kwanon yarinyar aka zuba koren tattasai, saboda shi ne abin da yaran Japan suke tsana.

Abin da yake ci mini tuwo a ƙwarya shi ne matasanmu da suke ɗaukar katun a matsayin makarantar harshe. Masu ɗora murya, waɗanda ake kira "seiyu", ƙwararru ne da ake girmamawa, kuma da gangan suke ba kowane hali salon maganarsa: tsoho da nasa, jarumi mai taurin kai da nasa, mugu da nasa. Ba haka ake magana a ofishin gunduma ba. Na taɓa raka wani ƙanenmu neman haya, bayan mun sha wuya kafin mu sami mai tsaya masa da mai gidan da zai yarda da baƙo. Yana buɗe baki ya ce wa dattijon "omae", wato "kai" cikin raini, kalmar da jaruman katun suke jifan abokan faɗansu da ita. Dattijon bai ce uffan ba, washegari dillali ya sanar da mu cewa an ba wani ɗakin.

Mu da muka tashi muna rusuna wa manya, kuma maƙwabtanmu a nan suka shaide mu da ladabi, wannan ɓarin baki bai kamace mu ba. Gundumomi da yawa suna da azuzuwan Japananci na 'yan sa-kai, kyauta ko da kuɗi kaɗan. Ku yi rajista tun makon farko, ku riƙe salon girmamawa mai ƙarewa da "desu" da "masu", sannan ku saurari abin da yara suke kwasowa daga talabijin kafin su kai shi gaban malaminsu.