Yadda Ake Saita Wayoyin Giya a Mota Mai Giyar Hannu

A yawancin ƙananan motoci masu ja da ƙafafun gaba, wayoyi 2 ne ke haɗa sandar giya da giyabos: ɗaya tana ɗaukar motsin hagu da dama, ɗaya kuma na gaba da baya. Ƙurar hunturu da ramuka irin na hanyar Marwa zuwa Kuseri a arewacin Kamaru suna saurin cinye robobin da ke bakin wayoyin, sai giya ta fara ƙin shiga.

Kafin ka taɓa komai, ka tabbata kuloci yana saki sosai, domin ba a wayoyin matsalar take kullum ba. Ka kashe inji, ka ja birkin hannu, ka sa giya a firi. Sannan ka duba robobin, domin idan sun fashe, saiti ɓata lokaci ne, sauya su za a yi.

Idan lafiyarsu ƙalau, ka sassauta noti ko makullin saitin, wani ya riƙe maka sandar a tsakiya cak, ka daidaita tsawon wayar har ta zauna ba ja ba sako-sako, ka ɗaure. A ganina, juyi ɗaya ya isa kafin kowane gwaji. Ka gwada kowace giya har da ribas, da farko inji a kashe, sannan a kunne.