Yadda za ka cire madannin buɗe but ɗin mota ka sa sabo a gida

Idan but ya ƙi buɗuwa, akasarin mutane madannin suke fara zargi, su sayo sabo, su sa, but ya ci gaba da zama a rufe. Canza madannin aiki ne na minti 30 zuwa awa guda, ba ya bukatar rami ko jak. Wahalar tana wajen tabbatar da cewa shi ne ya mutu. Ga wanda ke zaune a ƙauyen Ringim, Gumel, Rano ko Gaya, inda sayen kayan mota ke nufin shiga Kano ko jiran ranar kasuwa, wannan binciken shi ne rabin aikin.

Fara da sanin irin naka. Tsofaffin Corolla, Camry da Civic da yawa ba su da madanni na lantarki sam. Ɗan hannu ne a ƙasa gefen kujerar direba, yana jan kebur irin na birkin keke har zuwa makullin but. Idan wannan ya saki, kebur ne ya tsinke ko ya fita daga mazauninsa, kuma gyaransa daban ne. Maganarmu a nan kan mai lantarki ce: ko dai madannin da ke cikin mota, a jikin ƙofar direba ko ƙasan sitiyari, ko kuma na waje mai rufin baƙar roba da ke ɓoye a saman lambar mota. Wasu motocin sun ɓoye shi a wani wuri. A Peugeot 407 tsakiyar sifilin lambar da ke jikin but ake dannawa, a Golf 5 kuwa tambarin kamfanin ne ake ɗagawa.

Madannin kansa ƙaramin abu ne. Galibi wayoyi biyu ne ke shiga cikinsa, idan ka danna su haɗu, ka saki su rabu. Ba shi ke jan makulli ba. Saƙo kawai yake kai wa kwamfutar mota, ita kuma ta tura wuta zuwa ƙaramin injin lantarki da ke cikin makullin but, ya ja harshen ya saki. Ke nan akwai wurare huɗu da abin zai iya tsayawa: fiyus, madanni, waya, da makullin.

Kafin ka kwance komai

Danna rimot. Idan rimot na buɗe but amma madanni ba ya buɗewa, fiyus da makulli lafiyarsu ƙalau, saura madannin da wayarsa. Idan duka biyun ba sa aiki, kada ka sayi madanni tukuna. Sa wani ya danna, kai kuma ka kara kunne a jikin murfin. Jin ɗan ƙara daga ciki ba tare da buɗuwa ba yana nufin wuta na zuwa, makullin ne ya cije da ƙura ko kaya suka tokare murfin daga ciki. A nan sai ka danna murfin ƙasa da tafin hannu daidai lokacin da ake danna madannin, sau da yawa zai saki. Shiru ɗungurungum kuwa, je ka duba fiyus. Zanen da ke cikin murfin akwatin fiyus zai nuna maka wanda ke kula da but ko makullan ƙofofi. Launi ke faɗin ƙarfinsa: ja 10, shuɗi 15, ruwan ɗorawa 20. Irin wanda ka cire za ka mayar. Naɗa zaren waya a madadin fiyus shi ne yadda wayoyin mota ke ƙonewa tun daga gaba har baya.

Akwai kuma abubuwan da ke hana but buɗuwa alhali babu abin da ya lalace. Motoci da yawa ba sa amsa madannin waje idan ƙofofi na kulle, wasu masu giyar otomatik kuma sai giya na kan P. Wasu ƙirar Nissan, Lexus da Honda suna da wani ɗan makunni a cikin durowar gaban fasinja wanda ke kashe madannin but gaba ɗaya, an yi shi ne don mai mota ya ba da aron motarsa ba tare da an buɗe masa kaya ba. Yaro ko tarin takardu na iya taɓa shi ba a sani ba. Buɗe durowar ka duba kafin ka ɗauki sukundireba. Batir mai rauni ma na jawo haka: cikakken batir yana nuna kusan 12.6 a mitar auna wutar lantarki idan mota na kashe, wanda ya sauka ƙasa da 12 kuwa yana iya kunna fitila amma ya kasa jan makulli.

Idan but ɗin a rufe yake

Dole ka buɗe shi kafin aiki. Gwada makullin hannu idan akwai ramin sa. Idan babu, kwantar da kujerar baya ka shiga da tocila. Motocin da aka ƙera don kasuwar Amurka daga Satumban 2001 doka ta tilasta a sa musu hannun buɗewa daga cikin but, galibi roba ce mai haske a duhu, ja kawai za ka yi. Waɗanda suka zo daga Turai ba lallai su kasance da shi ba, sai dai ka ɓalle ɗan murfin da ke kusa da makulli ka tura harshen da sukundireba. Kada ka ɗana ƙarfe a bakin murfi daga waje, kuɗin mai gyaran jikin mota zai ninka na madannin sau da yawa.

Kayan aiki

Sifana ko soket mai lamba 10, sukundireba mai baki ɗaya da mai tauraro, filaya mai siririn baki, baƙin salatif, tsumma, tocila, da kwano na zuba notuna. Motocin Turai suna yawan amfani da sukuru mai kusurwa shida, lamba T20 ko T25, kuma sukundireba mai tauraro na gama-gari cinye kansa zai yi. Mita na da amfani sosai, ana iya aro wajen mai gyaran waya ko mai haɗa sola. Yi aikin a inuwa da hantsi, ka shimfiɗa buhu ko tabarma a ƙasa, domin notin da ya faɗa cikin rairayi ya tafi ke nan.

Buɗe but, cusa tsumma a bakin makulli yadda ko iska ta turo murfin ba zai kulle ba. Wannan ya fi muhimmanci a motocin da batirinsu ke cikin but, kamar BMW da yawa, don idan murfi ya rufe bayan an cire batir an shiga uku. Sannan ka cire kan batir mai alamar ragi, ka kawar da shi gefe. Wasu rediyoyin Honda suna neman lambar sirri bayan an cire batir, ka tabbata kana da ita.

Cire na waje

Cikin murfin but akwai shimfiɗa mai kama da kafet, maƙale da ƙananan maƙalan roba, yawanci tsakanin 8 zuwa 14. Iri biyu ne. Mai ɗan ƙusa a tsakiya, sai ka fara zaro ƙusar kafin jikin ya fito. Mai kama da reshe kuwa, ka naɗe bakin sukundireba da salatif, ka cusa a gindinsa daf da ramin, ka ɗaga a hankali. Zafin rana ya riga ya busar da su, don haka wasu za su karye ko yaya ka lallaɓa. Kada ka ja shimfiɗar da hannu daga gefe, yagewa za ta yi ta bar maƙalin a ciki.

Da shimfiɗar ta sauka za ka ga bayan madannin da wayarsa. Ɗauki hoto da wayar hannu kafin ka taɓa komai. Bi wayar zuwa soket, wato mahaɗinta da wayar mota, danna ɗan harshen da ke kansa, ka riƙe jikin soket ɗin ka zare. Kar ka ja ta wajen waya.

Yanzu lokacin gwaji ne, kuma a nan za ka san ko kuɗinka zai fita. Sa mita a wurin da take ƙara idan bakunanta biyu sun haɗu, ka ɗora su a ƙafafu biyu na madannin. Lafiyayye zai yi ƙara idan an danna, ya yi shiru idan an saki. Wanda ya yi shiru ko an danna ya mutu. Wanda ke ƙara ba a danna ba ruwa ne ya shige shi ko ya maƙale, kuma irinsa ne ke buɗe but a kan hanya ko ya hana kwamfutar mota barci har batir ya sauka da dare. Idan ba mita, mayar da kan batir na ɗan lokaci, ka ɗauki guntun waya ka taɓa ramuka biyu na soket ɗin ɓangaren mota na daƙiƙa ɗaya. Makulli ya motsa, to madannin ne. Wannan dabarar ta soket mai ramuka biyu ce kaɗai. Mai uku, huɗu ko fiye yana ɗauke da wutar fitilar lamba ko ta kyamara, kuma haɗa su da ka na iya ƙona kwamfutar.

Idan madannin ya ci gwaji, je ka duba gaɓar murfi, inda wayoyi ke wucewa cikin robar nan mai lanƙwasa daga jikin mota zuwa murfin. Duk buɗewa da rufewa a nan wayoyin ke lanƙwashewa, kuma a motar da ake cika wa buhunan gero ko riɗi a ɗaure murfin da igiya a bi hanyar burji, nan ne suke fara karyewa. Janye robar ka ja kowace waya a hankali. Wata za ka ga fatarta lafiya amma tana miƙewa, ƙarfen ciki ya tsinke. Alamar da ke tona wannan ita ce madannin ya yi aiki idan murfi na rabin buɗe, ya ƙi idan an rufe, ko fitilar lamba ta riƙa ɗaukewa. Gyaransa a yanke wurin, a ƙara sabuwar waya mai kauri ɗaya, a like da dalma, a kuma tura mahaɗin nesa da inda ake lanƙwasawa. Murɗa wayoyi da hannu a naɗe da salatif ba ya wuce 'yan watanni. Motar da ke kwana kusa da rumbu kuma a duba ko ɓera ya yi ɓarna.

Idan dai madannin ne, cire shi ya danganta da yadda aka kafa shi. Wani harsuna biyu ne ke riƙe da shi, ka matse su daga ciki da filaya ka tura shi waje. Wani kuma yana jikin doguwar robar ado da ke saman lamba, wadda notuna masu lamba 10 guda huɗu zuwa shida ke riƙe da ita daga ciki. Kwance su duka, ka laluba ko akwai wanda ya ɓuya a kusurwa, ka cire soket ɗin fitilun lamba, sannan ka ɗago robar. Idan ta ƙi, akwai sauran noti. Sukuru biyu ƙanana ne ke riƙe madannin a jikinta.

Na cikin mota ya fi sauƙi: sukundireba mai naɗin salatif a gefensa, ka ɗago, ka zare soket. Idan ya ƙi, cire murfin da ke ƙasansa ka turo shi da yatsa ta baya.

Sayen madadin

Tafi da tsohon a hannu, har da soket ɗinsa a hoto. Ƙirar mota ɗaya da shekara ɗaya na iya zuwa da soket daban tsakanin ta Amurka da ta Turai. A kasuwar Kofar Ruwa da ke Kano za ka samu sabo da na Beljiyam. Na Beljiyam na asali sau da yawa ya fi sabon jabu ƙarko, amma ka murza robarsa da yatsa: idan tana danƙo, tana barin baƙi a hannu, ko ta fara tsagewa, bar shi, ya kusa bin sawun naka. Ka danna ka ji yana ƙas, ka sa a gwada maka da mita a gabanka. Sayi maƙalan roba biyar ko shida a lokaci guda. Idan robar waje ce kaɗai ta narke kuma na ciki na aiki, akwai motocin da ake sayar da robar ita kaɗai. Kada ka jinkirta sa ta, don ramin da ta bari shi ne ƙofar ruwan damina.

Mayarwa

Goge mazaunin da tsumma da ɗan sifirit har ragowar tsohuwar roba ta fita. Ban da fetur, ban da baƙin mai, ban da man birki. Na farkon biyu suna kumbura roba, na ukun yana cin fenti. Idan ƙafafun soket sun yi kore, kankare su da tsohon buroshin haƙori, ka bari su bushe. Zauna da sabon madannin ta fuskar da hoto ya nuna, ka tura har harsunan su kama, ka duba robar gefensa ta kwanta ko'ina ba ta naɗe ba. Notunan robar ado da hannu za ka fara ɗaura su, sannan ka ƙara kaɗan da sifana. Ƙusoshinsu a cikin roba aka dasa su, matsi ya yi yawa sai su tuge. Kada ka zuba sufa gulu a kewayen madannin, yana gangarawa ciki ya daskarar da shi.

Tura soket har ka ji ya kama, ka mayar da wayar kan maƙalanta don kada hannun murfi ya datse ta. Mayar da kan batir. Kafin ka rufe komai, cire tsumman, ka tura harshen makulli da jikin sukundireba har ya kulle alhali murfi na buɗe, sannan ka danna madannin. Ya saki, maimaita sau uku, ka gwada rimot da fitilun lamba. Sai bayan haka za ka rufe murfin da gaske, kujerar baya na kwance don ko ta kwana. Shimfiɗa ce ƙarshen shiga.

Tunda makullin na gabanka, wanke tsohon giris da ya cakuɗe da ƙurar hunturu, ka shafa sabo ɗan kaɗan a harshen kawai, don mai yawa ƙasa yake tarawa. Wajen wankin mota kuma ka hana a saita bakin injin feshi kai tsaye a ƙasan robar ado, nan ne ruwa ke samun hanyar shiga madannin.