In izinin kwashe guba ya maƙale a ofis: yadda na bi har kotu

A mangazar da na gada wurin baffana nan Maradi na tarar da tano 14 na tsohon maganin fara, wasu sun yi tsatsa har suna tsattsafowa. Maƙwabta na kukan wari da ciwon kai. Na nemi izinin kwashewa, aka yi ta ce mini "Alhaji, dawo jibi" har hadari ya fara haɗowa. Wanda ya ga ambaliyar 2024 a garin nan ya san abin da ya hana ni barci: ruwa ya shiga mangaza, ya ɗebi guba ya nufi rijiyoyi da Gulbi.

Kuskurena na farko, da baki na nema. Kada ka yi haka. Rubuta takarda kwafi biyu, ka faɗi abin da ke cikin tano, yawansu da inda suke. Ka miƙa ɗaya, ɗayar a buga mata hatimi da kwanan wata a ba ka abarka. Ƴan boko na ce mata deshaj. Duk shari'ar a kanta za ta tsaya, don a dokar mulki, shirun hukuma in ya wuce wa'adi ƙi ne, kuma ƙi ana kai shi gaban alƙali. In babu kwanan wata, daga ina za a fara ƙirga?

Sannan ka ɗauko wisiye, wato jami'in shari'a mai rubuta shaidar abin da ya gani, ya zo ya gani da idonsa, ya ɗauki hoto, ya rubuta. Da tsada, amma hoton wayarka bai kai nauyin takardarsa ba. Wanda warin ya kai asibiti ya adana takardar likita, mai unguwa kuma ya san da maganar.

Wani jinkirin yana da dalili. Irin wannan guba sai a tanderu na musamman mai tsananin zafi ake ƙona ta, galibi a Turai. Yarjejeniyar Bazel ta 1989 ta ce ba ta tsallaka iyaka sai ƙasar da za ta karɓa da waɗanda za a ratsa sun yarda a rubuce, mu kuwa ba mu da teku. To, raba buƙatarka biyu: izinin fitarwa, da izinin sake zuba ta a sababbin tano a kai ta wurin ajiya nesa da mutane. Na biyun a hannun hukumomin gida yake, shi za ka matsa a kai.

Kafin kotu, sake rubuta wa wanda ya yi shirun ko na sama da shi, ka roƙi a sake dubawa, ita ma da deshaj. Wanda ya tsallake wannan, ana iya korar ƙararsa tun ba a saurare shi ba. Daga nan sai lauya, kuma da wuri, don wa'adin ƙara gajere ne. Shi zai zaɓi ƙofa: neman soke ƙin, ko shari'ar gaggawa da suke kira refere. Lauyana ya kafa hujja da doka mai lamba 98-56 ta 29 ga Disamba 1998 kan muhalli. Sai dai dokar nan kaifi biyu gare ta: mai riƙe da shara shi ke da alhakinta, kotu ba za ta aiko maka da kamiyo kyauta ba.

Kana jira, kada ka ƙona, kada ka binne, kada ka sayar wa mata tano su zuba ruwa. Ɗora su kan katako, kewaye da rairayi, toshe yoyon kwano, sa kwaɗo.

Ni dai bayan takardar kotu ta isa ofishin ne aka turo mutum biyu da safar hannu suka ƙirga tano. An sake musu mazubi, an fitar da su bayan gari. Mangazar har yau ban sa hatsi a ciki ba, daɓen ya sha maganin.