Kana son kiɗan fim? Fara da kalangu

Samari sukan same ni a situdiyona da ke Tudun Wada su ce, "Oga, koya mini fiyano in fara yi wa fim kiɗa." Sai in miƙa musu kalangu. Fiyanon Yamaha zai kwaikwayi ganga da sarewa, amma ba zai saita maka hannu ba. Ka rataya kalangu a hammata har ka gane yadda matsa tsirkiya ke sa shi magana, sannan ka ƙara da gurmi ko garaya. Ɗan Maraya Jos da kuntigi kaɗai ya yi suna.

Daga nan ka bi ƙungiya yawon biki. A can za ka san fata tana da nata hali. Da hunturu takan bushe ta ɗaure har ta tsage. Da damina sai ta saki, kalangu ya koma kamar mai mura, dole ka shanya shi a rana kafin a hau dandali. Kada ka yarda yaran mota su cusa maka kayan kiɗa a but. Na taɓa shiga mota a tashar Kawo da ke Kaduna zuwa Zariya, muna isa na tarar an danne mini gurmi da buhun masara, ƙwaryar ta rabe biyu, ga ango yana jira. Tun ranar nake biya wa gurmina kujera. In Abuja za ka, jirgin ƙasan Rigasa da ya fara aiki a 2016 ya fi wa kaya sauƙi. Kuma ban fita gida sai kuɗin kafin alƙalami ya shigo.

Fim kuwa aikin haƙuri ne. Kada ka karɓa sai edita ya gama yanka, don daƙiƙa goma aka cire, kiɗanka ya goce gaba ɗaya. Ka kalla sau biyu ba ka taɓa komai ba, kana rubuta mintin da kiɗa zai shiga da inda zai fita. Ciwon sababbin shiga shi ne cika ko'ina da sauti. Inda aka zo gaya wa uwa rasuwar ɗanta, ka bar shiru ya yi aikinsa. Sai ta zauna a bakin gado tukuna sarewa ɗaya ta shigo a hankali. Darakta zai ce a ƙara ganga. Ka lallaɓa shi.

Gurmi nakan ɗauki sautinsa cikin dare, bayan maƙwabta sun kashe janareta, da barguna a jikin bango. In na gama haɗawa sai in saurara a ƙaramar waya, tunda a nan yawancin mutane ke kallo a YouTube. In kiɗa ya danne magana, in rage.

Kafin ka miƙa aiki, a rubuta a takarda: sayarwa ka yi ko aro na fim ɗaya, da yadda za a sa sunanka. Furodusa ya sa hannu, ka ajiye kwafi.